Gani Ya Kori Ji: Sabon Badun da Ranar Ɗaukar Kofi

Da an ambaci Sabo ta Badun, abin da ke fara faɗo wa mutum a rai shi ne goro da shanu, sai kuma 'yan canji da masu tsire. To yau zancen ƙwallo zan yi, musamman wasan ƙarshe, wato ranar ɗaukar kofi, da yadda mutanen unguwar nan tamu suka riƙa kallonsa tun daga zamanin akwatin rediyo har zuwa yau da yaro ke riƙe da filin wasa sukutum a tafin hannunsa. Na san wani zai ce malam ya rasa abin rubutawa, me ya haɗa tarihi da tamaula? Amsata ita ce, in kana son sanin inda zuciyar Bahaushen Kurmi ta karkata, kada ka tambaye shi a zaure, domin zai ba ka amsar da ya ga ta dace da kai. Jira ranar wasan ƙarshe, ka ga inda ya zauna da wanda ya yi wa ihu.

Bari in fara da unguwar kanta, saboda 'yan'uwa masu karantawa daga Arewa waɗanda ba su taɓa tako Badun ba. An yanka wa Hausawa Sabo a 1916. Kafin nan a cikin gari suke zaune tare da Yarabawa. Jirgin ƙasa ya iso Badun daga Ikko a 1901, bayan shekara goma ya kai Kano, daga nan fataucin goro da shanu ya buɗe, masu saukar baƙi da dillalai suka kafu. Wani masani daga Ingila mai suna Abner Cohen ya zauna a unguwar a 1962 zuwa 1963, ya fitar da littafi a kanta a 1969. A lokacin mutanen Sabo ba su wuce 4,000 da 'yan kai ba. Abin da ya lura da shi shi ne, da gangan mutanen unguwar suka killace kansu, da harshensu da sarkinsu da masallacin Juma'arsu da ɗariƙar Tijjaniyya da ta game unguwar a farkon shekarun 1950, domin kasuwancin nesa da ake yi a kan bashi da amana ba ya tsayuwa sai kowa ya san kowa. Makarantar boko kuwa, kaɗan ne ƙwarai suka sa 'ya'yansu.

Wannan batu na boko shi ne mabuɗin labarin, domin ƙwallo a ƙasar nan ta ƙofar makaranta ya shigo. Wasan farko da aka rubuta a tarihi a Kalaba aka yi shi a 1904, tsakanin makarantar mishan ta Hope Waddell da ma'aikatan wani jirgin ruwan yaƙi na Ingila. A Badun ma makarantu ne matattarar 'yan wasa, irin su Kwalejin Gwamnati da aka buɗe a 1929, kuma gasar kofin shugabannin makarantu kan tara jama'a kamar ranar hawan salla. Gasar wasannin jami'o'in Nijeriya ma a Jami'ar Badun aka fara ta a 1966. A Amurka har gobe wasan ƙarshe na jami'o'i, na irin ƙwallonsu na hannu da kwalkwali, yana cika filin mutum 60,000 ko fiye, tashoshin talbijin na biyan kuɗi masu nauyi don su nuna shi. Mu a nan abin bai ɗore ba, ƙungiyoyin gari da na ma'aikatu suka karɓe fagen. Amma ko a lokacin da wasan makarantu ke tashe, yaron Sabo ba ya ciki. Da safe yana makarantar allo, da rana yana ɗaukar wa maigida huhun goro ko yana bin shanu. Wasanninsa langa ne da kokawa da dambe. Filin da ke maƙwabtaka da mu kuwa, Adamasingba, na sukuwar dawaki ne a wancan zamani. Saboda haka da kunne Sabo ta fara shiga harkar ƙwallo, daga baya ido ya biyo, ƙafa ce ta zo ƙarshe.

Kofin da ya fi kowanne daɗewa a ƙasar nan shi ne wanda aka fara a 1945 da sunan Kofin Gwamna, daga baya ya koma Kofin Ƙalubale, sunan da dattawa suka fi saninsa da shi. A shekarun farko ƙungiyoyin Ikko ne kawai ke juya shi a tsakaninsu, 'yan Marine da 'yan Reluwe da sauransu, a filin Onikan da ke bakin ruwa. Sai a 1953 ƙungiyar Kano ta je har Ikko ta doke Dynamos da ci 2 da 1, ta zama ta farko daga wajen Ikko da ta ɗauki kofin. Mai karatu ya riƙe wannan shekara, za mu sake waiwayarta. Babu talbijin ko ɗaya a ƙasar a lokacin. Abin da ake da shi shi ne akwatin nan mai waya da ake kafawa a bango, wanda ba ka da ikon sauya masa tasha, sai dai ka ƙara murya ko ka rage, sai kuma 'yan tsirarun rediyo masu batir a gidajen masu hali. Sharhin wasa kuma da Turanci ake yi. Dattawanmu sun sha ba mu labarin yadda ake zaunar da yaro ɗaya da ya ɗan taɓa boko, ko yaron mota da ya tsinci Turancin tasha, a gindin akwati, yana ji yana fassara wa mutum ashirin. In ya yi shiru a zungure shi, in ya ƙara gishiri babu mai kama shi. A ganina sharhin ƙwallo da Hausa a Kurmi daga bakin waɗannan yara ya faro.

Ranar 31 ga Oktoba 1959 gwamnatin Jihar Yamma ta Cif Obafemi Awolowo ta buɗe tashar talbijin ta WNTV a Agodi, nan cikin Badun, wadda ke yi wa kanta kirari da ta farko a Afirka. Wato mutanen Sabo sun riga Kano da Kaduna ganin talbijin, domin ta Kaduna sai a 1962 ta fara. A 1960 aka buɗe filin wasa na Liberty, wanda tun 2010 ake kira da sunan Awolowo, a 1963 kuma aka yi damben kambin duniya a cikinsa, Dick Tiger ya lallasa Gene Fullmer na Amurka. Ƙungiyar gari, Ibadan Lions, ta ɗauki Kofin Ƙalubale a 1959 da 1961 da 1966 da 1969. Sai dai samun tasha a gari daban, samun akwati a ɗaki daban. Talbijin ɗin lokacin baƙi da fari ce, mai ƙyauren katako da makulli, kuma malamai da yawa a layin sinima suka ajiye ta, duk da ga sinimar Scala nan a tsakiyarmu. Yaron da ke son kallo sai ya saci jiki zuwa Mokola ko Ekotedo, ya laɓe a tagar wani ma'aikaci, in an yi sa'a matar gida mai kirki ce ta ɗage labule. Sai bayan ƙarin albashin Udoji a tsakiyar shekarun 1970 akwatuna suka yawaita a gari, masu gidajen Sabo ma suka fara sayowa, wai don baƙi su ga labarai.

Wasan ƙarshe na farko da ya zo mana har gida shi ne na 1972. Mighty Jets ta Jos, ƙungiyar Alhaji Isiyaku Ibrahim, wadda ta ɗauki gasar lig ta ƙasa ta farko a wannan shekarar, ita ce ta haɗu da ƙungiyar Benin da daga baya aka sani da Bendel Insurance. A Ikko 'yan Benin suna gaba da ci 2 har wasa ya kusa tashi, sai Jets ɗin su Sam Garba Okoye da Isma'ila Mabo suka farke duka biyun a mintocin ƙarshe, aka tashi cikin hayaniya. Sai aka ce a sake wasan a filin Liberty, karo na farko ke nan da aka fitar da wasan ƙarshe daga Ikko. Daga Sabo ka gangara Dugbe, ka miƙe Oke-Ado, ka isa. Waɗanda suka je suna cewa ranar an ga huluna da manyan riguna a filin da ba a saba ganinsu ba. Babu wani rikicin zuciya a wannan wasa, domin ƙungiyar masu masaukinmu ba ta ciki. Jos gida ce, ba wanda ya tsaya tambayar addinin Sam Garba ko ƙabilarsa, ɗan Arewa ne, shi ke nan. Na kan tuna wannan duk lokacin da na ji labarin abin da Jos ta koma daga 2001. An ci Jets 3 da 2. Haka ƙungiyoyin Jos suka yi ta zuwa wasan ƙarshe suna komawa hannu rabbana, har mutane suka fara cewa da sa hannu a ciki, sai a 1999 Plateau United ta karya abin.

Daga nan sai zamanin IICC Shooting Stars, ƙungiyar da Cif Lekan Salami ya tsaya mata da jikinsa da aljihunsa. Asalinta ƙungiyar hukumar raya Jihar Yamma ce, WNDC, wadda ta ɗauki kofi a 1971. A 1976 ta doke Tonnerre ta Yawunde, ƙungiyar su Roger Milla, da ci 4 da 1 a Ikko, aka ci ta 1 a Kamaru, ta ɗauko kofin Afirka na ƙungiyoyin da suka ci kofin ƙasarsu. Ita ce ƙungiyar Nijeriya ta farko da ta kawo kofin nahiya. Wa zai zauna a Badun a wannan shekara ya ce ba ruwansa? Idan ka je gari ka tarar kowa da wutsiya, kai ma sai ka nemi taka ka ɗaura. Ga Muda Lawal a tsakiya, ga Best Ogedegbe a gida, ga Kunle Awesu a hagu, ga Segun Odegbami a dama. Shi Odegbami ma da wani dalili na daban samarin Sabo suka riƙe shi: a Jos ya tashi, Hausa a bakinsa kamar jakin Kano, karatu ne ya kawo shi kwalejin fasaha ta Badun. Wato tafiyar da iyayenmu suka yi daga Arewa zuwa Kurmi, iyayensa sun yi ta daga Kurmi zuwa Arewa.

Sai 1977, shekarar da ta raba zaure biyu. A gasar Afirka IICC ta haɗu da Rangers ta Inugu a wasan kusa da na ƙarshe, zafin abin ya kai gwamnatin soja ta Obasanjo ta mayar da karawa ta biyu Kaduna, inda Rangers ta yi nasara a bugun fenareti. Wannan bai dame mu sosai ba. Wanda ya dame mu shi ne wasan ƙarshe na Kofin Ƙalubale na shekarar, IICC da Raccah Rovers ta Kano. To ɗan'uwa, ka sa kanka a matsayin saurayin da aka haifa a Sabo. Yarbanci yake yi kamar ɗan Oja'ba, abokan wasansa 'yan Mokola ne, ya yi shekara guda yana yi wa Odegbami ihu. Babansa kuwa Bakano ne da har yanzu in ya ce "gida" Kano yake nufi, ko da ya yi shekara talatin bai kwana a can ba. Dattawa, waɗanda yawancinsu ba su san dokar satar gida ba, duk suka koma Raccah, domin a wurinsu ba ƙwallo ake bugawa ba, sunan gari ake karewa. Samari suka rasa inda za su sa kansu. Wanda ya bi IICC a ce masa ya zama Bayarabe, wanda ya bi Raccah ya fita titin Mokola a tuna masa cewa baƙo ne, ruwan wa yake sha? Na san gidajen da ɗa ya ƙi kallon wasan tare da ubansa don kada fuskarsa ta tona shi. Kofi dai Badun ya zo. Wasu suka yi murna a ɓoye, wasu suka yi baƙin ciki a ɓoye, duk a layi ɗaya.

Raccah ta huce a 1978 da ta ɗauki lig. A watan Afrilun shekarar ne ma ta kara da Fluminense ta Brazil a Kaduna, Pele da kansa ya sa rigar baƙin ya buga. Amma Kofin Ƙalubale ya ci gaba da yi wa Arewa nisa. Tun na Kano a 1953 babu ƙungiyar tsohuwar Jihar Arewa da ta sake taɓa shi sai BCC Lions ta Gboko a 1989, shekara 36 ke nan.

A 1980 abin ya zo da sauƙi, domin kowa da kowa wuri guda ya fuskanta. Nijeriya ce ta karɓi gasar kofin Afirka, rukuni ɗaya a Ikko, ɗaya a Liberty, inda Aljeriya da Maroko da Ghana da Gini suka buga. Ranar 22 ga Maris aka doke Aljeriya 3 da nema a Surulere, Odegbami ya ci biyu, Muda ya ci ɗaya, dukansu 'yan IICC, Shugaba Shehu Shagari ya miƙa kofi. Ɗan Sakkwato na miƙa wa, 'yan Badun na cin ƙwallo, kyaftin Christian Chukwu na Inugu na karɓa, me ya rage wa ɗan Sabo ya yi gardama a kai? A wannan zamani ne aka ƙirƙiro salon kallon da ni har yau ban ga wanda ya kai shi daɗi ba: a kunna talbijin a kashe muryarta, a ajiye rediyo a kanta, ana ganin hoto ana jin Ernest Okonkwo, mutumin da ya laƙaba wa 'yan wasa sunayen da suka bi su har tsufa. In wuta ta ɗauke, rediyo na nan da batirinsa, ba a rasa komai ba sai hoto. A gidan da na tashi akan fito da akwatin tsakar gida a ɗora kan tebur, manya a kujera, mu a tabarma, mata suna leƙe daga ƙofar ɗaki, a naɗa yaro guda ya hau katanga yana juya sandar eriya har a ce masa "tsaya nan!"

A farkon shekarun 1980 wani dogon yaro ya zo IICC daga ƙungiyar masaƙar UNTL ta Kaduna, Rashidi Yekini. Shi ma irin Odegbami ne, Bayaraben da Arewa ta raina. Yana cikin waɗanda suka kai wasan ƙarshe na kofin zakarun Afirka a 1984, inda Zamalek ta Masar ta ci su gida da waje. Shi ne ya ci wa Nijeriya ƙwallonta na farko a gasar kofin duniya, a ragar Bulgeriya a 1994, dare ya raba a agogonmu, ya riƙe raga yana kuka, unguwa ta ɗauki ihu kamar gobara ta tashi. A Badun ya zauna bayan ya bar wasa, a nan kuma ya rasu a watan Mayun 2012. Allah ya jiƙansa.

A 1988 tsohon filin sukuwa ya zama filin ƙwallo, wanda daga baya aka sa wa sunan Lekan Salami, shi kuwa a shekarar ya rasu a haɗarin mota. Wannan ya sauya komai a wurinmu. Filin da a da sai ka shiga mota, yanzu da ƙafa za ka taka. Ko ba ka shiga ba, daga kan tabarmarka kana jin rugugin jama'a, har mata a cikin gida sun iya bambance ihun an ci da na an ɓarar. Masu tsire da masu rake da masu goro suka samu kasuwa a bakin ƙofa. Yara kuma suka gano cewa ana buɗe ƙofa in wasa ya kusa tashi, sai su jira su kwasa a guje su ga minti goman ƙarshe kyauta. A wannan fili Shooting ta doke Villa ta Uganda 3 da nema a 1992, ta ɗauki sabon kofin CAF da Abiola ya bayar, karon farko da aka yi gasar. A 1996 ta sake kaiwa wasan ƙarshe na zakarun Afirka, ta ci Zamalek 2 da 1 a Badun, aka rama mata 2 da 1 a Alƙahira, fenareti ya kayar da ita. A wannan shekara dai aka yi Atlanta, da Tijjani Babangida da Garba Lawal da Amokachi da Babayaro, duk 'yan Kaduna. A tsakanin nan an kafa Kano Pillars a 1990, ta kai wasan ƙarshe a 1991, El-Kanemi ta Maiduguri ta doke ta. Tambayar 1977 ta dawo da sabon suna, sai dai yanzu sau ɗaya a shekara Pillars na zuwa har ƙofar gida, dole mutum ya zaɓi ɓangaren da zai zauna a idon jama'a.

Ni a lissafina 1999 ce mararraba. A watan Afrilu Badun da Kano duk sun karɓi wasannin gasar matasa ta duniya. Watanni kaɗan bayan haka aka yi rikicin kasuwar Bodija, aka yi na Shagamu, aka mayar da martani a Kano. Mutum ya fara tunani sau biyu kafin ya shiga taron dubban jama'a da hularsa. A shekarar dai Kanu ya koma Arsenal, Babayaro na Chelsea tun 1997, DStv da ta fara a 1995 tana kawo wasannin Ingila kai tsaye ta tauraron ɗan'adam. Kuɗin wata ya fi ƙarfin talaka, sai masu dabara suka mayar da shi sana'a. Haka gidan kallo ya haihu.

Wanda bai taɓa shiga ba, ga yadda abin yake. Rumfa ce ta kwano ko ta katako, ko shagon da aka fasa bangonsa, da bencina a jere kamar aji. A ƙofa akwai allo da aka rubuta wasannin rana da alli, da lokacin kowanne. A gaba akwai talbijin biyu ko uku a cikin keji na ƙarfe, kowacce da wasanta, amma murya ta babban wasa ce kawai. A baya janareta na ruri, yaron gida na tsaye da galan ɗin fetur, domin mai gidan da janaretansa ya mutu ana shirin bugun fenareti ya san abin da zai gani. A tsakiyar shekarun 2000 kuɗin shiga N20 ne zuwa N50, ranar wasan ƙarshe a ninka. Gwanayen kallo sun san benci na uku ko na huɗu ya fi, na gaba wuya ke ciwo, na baya kan mutane za ka kalla, kusa da ƙofa kuma ga iska ga saurin fita in an fara jifa da kujera. In hadari ya taso daga gabas sai hoto ya daskare, a yi ta salati har ya dawo. Sai matsalar lokaci. Wasan gida ƙarfe 4 ake take shi, bayan la'asar, a tashi kafin magariba, kamar da mu aka yi shawara. Wasan ƙarshe na zakarun Turai kuwa shekara da shekaru dab da isha'i ake fara shi, sai ka ga hutun rabin lokaci ya zama na alwala da sahu a bakin rumfa, liman na sauri, mamu na kasa kunne.

Wasan da ya nuna mini an shiga wani zamani shi ne na Mosko a 2008, Manchester United da Chelsea. Tun da safe unguwa ta rabu, ja da shuɗi, 'yan acaɓa sun ɗaura tutoci. A shekarar nan Pillars ta ɗauki lig a karon farko, amma ban ga an yi mata rubu'in wannan hidima ba. Da John Terry ya zame a bugun fenareti, na ga Bahaushe da Bayarabe sun rungume juna suna tsalle, a gefensu wani Bahaushen da wani Bayaraben sun haɗa kai da gwiwa. A nan dole in yi adalci. Ƙungiyoyin Turai sun sauke wa yaron Sabo kayan da ya ɗauka tun 1977. Ba wanda zai ce ka ci amanar Kano don kana Arsenal, ba wanda zai ce maka baƙo don kana Barcelona. Ko bayan rikicin kasuwar Shasha a watan Fabrairun 2021, da zukata suka yi tsami, bencin gidan kallo na cikin wuraren da aka fara komawa zama kafaɗa da kafaɗa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne.

Amma akwai abin da aka biya. Gidan kallo ya ci rayuka: bom a Damaturu a watan Yunin 2014 ana kallon Brazil da Meziko, wayar lantarki da ta faɗo kan rumfa a Kalaba a watan Afrilun 2017. Ga cacar ƙwallo da ta biyo baya ta wayar hannu, yaro ba ya murnar ƙungiyarsa ta ci sai ya duba takardarsa. Sannan ƙwallon gida ya zama maraya. Laifin ba na 'yan kallo kaɗai ba ne, shekaru da yawa wasannin lig ba sa fitowa a talbijin sai jefi-jefi, ga alƙalancin da ya sa cin wasa a waje ya zama kamar tsintar dami a kala. Shooting ta faɗa rukuni na biyu a 2017, sai 2021 ta dawo, shekarar da gwamnatin Seyi Makinde ta gyara filin Adamasingba. Pillars, bayan lig uku a jere daga 2012 zuwa 2014, ita ma ta faɗi a 2022 ta dawo a 2023.

Na ce a riƙe 1953. A 2018 Pillars ta kai wasan ƙarshe a Asaba, tana gaba da Rangers 3 da nema, aka farke duka ukun, aka tashi 3 da 3, Rangers ta yi nasara a bugun fenareti. A 2019 ta sake komawa, a filin Ahmadu Bello na Kaduna, ta doke Niger Tornadoes a bugun fenareti. Shekara 66 ke nan rabon Kano da wannan kofi. Jikokin mutanen da suka kewaye akwatin bango suna zungurar tafinta, da yawansu a Facebook suka tsinci labarin washegari. Na tambayi wani ɗan ƙanena ko ya kalla, ya ce, "Kawu, wai dama jiya aka yi?" Yaron nan zai lissafa maka 'yan benci na Liverpool ba tare da ya numfasa ba.

Yanzu ma gidan kallon kansa waya ta fara rage masa jama'a. Kowa da tasa a hannu, sai dai hoton intanet yana makara, kana ganin ana shirin bugun kwana ihun maƙwabta ya riga ya gaya maka an ci. Ga wanda ke son ganin wanda ba ya makara, duk ranar da jadawali ya kawo Pillars ko El-Kanemi ko Katsina United filin Adamasingba, ya yi la'asar a masallacin unguwa, ya bar babur a gida domin ba wurin ajiyewa, ya gangara da ƙafa. Ya sayi tikiti a taga, kada ya saya a hannun yaran bakin titi. In yana da hali ya shiga ɓangaren rumfa, can rana ba ta dukan fuska kuma dattawan Shooting da ke zama a wurin sun san ƙwallo, in baƙo ya yi abin kirki suna tafa masa. Ƙarfe 6 an tashi, zai iske sahun magariba a Sabo.